Amanar Almakashi: Yaushe Ragi Yake Zama Ƙarya?

Bahaushe ya ɗauki kalma guda ya ɗora mata ayyuka uku. Mace tana tace gasara ta fid da dusa. Hukuma tana tace fim ta cire abin da take ganin bai dace da idon jama'a ba. Shi kuma ma'aikacin da yake harhaɗa hotunan da aka ɗauka har su zama labari, mai tace hoto ake ce masa. Ayyukan nan uku sun yi tarayya a kan cewa babu wanda yake kammaluwa a cikinsu sai an zubar da wani abu. Mai tatar gasara ba ta da abin zargi, domin kowa ya san dusa, babu kuma wanda zai nemi a dama masa koko da ita. Amma abin da mai tace hoto yake zubarwa ya faru da gaske a gaban kyamara, daidai da yadda abin da ya bari ya faru. To, a wane mataki ne ragin da yake yi yake tashi daga gyara ya koma ƙarya?

Tambayar tana da nauyi saboda an ce gani ya kori ji. Mutum yakan yi shakkar labarin da aka ba shi, amma da wuya ya ƙaryata idonsa. Duk wanda ya sami ikon zaɓar abin da idon jama'a zai gani, ya riƙe amanar da ta fi ta mai ba da labari da baki, domin mai kallo ba ya ma tuna cewa akwai wani tsakaninsa da abin da yake gani. Wurin da ya fi dacewa a auna wannan amana shi ne Amurka ta shekarun 1950, lokacin da talabijin ta shiga gidajen mutane da gudu, sana'ar tace shirye-shiryenta kuma tana jaririya, ba ta da ƙa'idar da ta gada daga kowa.

Mutumin da ya zauna gaban dodo

A farkon wannan zamani yawancin shirye-shirye kai tsaye ake watsa su daga New York. Mutanen yammacin ƙasar sai dai su jira kwafin da aka samu ta hanyar ɗora kyamarar fim a gaban allon talabijin, hoto dishi-dishi. A shekarar 1951 Lucille Ball da mijinta Desi Arnaz, ɗan asalin Kyuba, suka ƙi barin Kalifoniya domin yin shirinsu na barkwanci, I Love Lucy. Sai suka yarda a rage musu albashi, a ɗauki shirin a kan zaren fim mai faɗin milimita 35, da sharaɗin mallakar fina-finan ta zama tasu. Suka ɗauko Karl Freund, wanda ya yi suna a masana'antar fim ta Jamus kafin ya koma Holiwud, ya tsara hasken da kyamara uku za su yi aiki a lokaci guda a gaban 'yan kallo kimanin 300. Tashar CBS ta fara nuna shirin ranar 15 ga Oktoba, 1951.

Nauyin mai da hotunan kyamarorin uku su zama shiri ɗaya ya faɗa a kan wani saurayi ɗan shekara 28, Dann Cahn, wanda ya gaji sana'ar daga mahaifinsa, Philip Cahn. Na'urar duba fim ta Moviola da aka saba da ita zare ɗaya take ɗauka, saboda haka aka kawo wata da ke juya zaren kyamarorin uku a jere tare da na sauti, wadda aka yi wa laƙabi da dodo mai kai uku. Zaren fim irin wannan yana gudu da hoto 24 a kowace daƙiƙa, wato ƙafa 90 a minti guda. Idan kyamara uku suka yi aikin minti 25, an tara ƙafa 6,750, alhali abin da zai isa ga mai kallo bai wuce ƙafa 2,250 ba. Kashi biyu cikin uku na abin da aka ɗauka dole ne ya tafi kwandon shara, ko da babu kuskure ko ɗaya a cikinsa.

A kowace daƙiƙa ke nan Cahn yana da gaskiya uku a gabansa: fuskar mai magana, fuskar mai sauraro, da hoton ɗakin gaba ɗaya. Dukkansu sun faru, ɗaya kawai zai iya nunawa. Idan ya tsaya a kan mai magana, maganar ce abin dariya. Idan ya koma kan Lucy tana zare ido, firgicinta ne abin dariya. Ya shafe shekaru a wannan aiki a kamfanin Desilu, ya zama mai kula da sashen tace hoto, ya ci gaba da sana'ar a wasu shirye-shirye, ya rasu a 2012 yana da shekara 89. Miliyoyin da suka yi dariya saboda daƙiƙar da ya zaɓa ba su san sunansa ba.

Ra'ayoyi biyu da ba su isa ba

Akwai masu cewa duk yanka yaudara ce, hoton da ba a taɓa shi ba ne kaɗai yake faɗar gaskiya. Suna da hujja. Tun wajen 1920 Lev Kuleshov, malamin fim a Rasha, ya nuna cewa idan aka ɗauki hoton fuska guda aka haɗa shi da kwanon miya, sannan da akwatin gawa, masu kallo za su ga yunwa a fuskar a karo na farko, su ga baƙin ciki a karo na biyu, alhali fuskar ba ta sauya ba. Ma'anar daga hannun mai haɗawa ta fito. Sai dai wannan hujja ta wuce inda masu ita suke so ta tsaya. Idan zaɓe kansa ƙarya ne, to mai ɗaukar hoto ma maƙaryaci ne, tunda ya juya kyamara gabas ya bar yamma. Haka ma shaida a gaban alƙali, wanda yake ba da labarin yini guda a cikin minti goma. Babu mai iya isar da komai da komai. Ƙa'idar da ta mai da kowa maƙaryaci ba ta iya raba mai amana da maci amana, wannan kuwa shi ne aikin da ake nema daga gare ta.

Akwai kuma masu cewa ai nishaɗi ne, wasa ne, babu ruwan gaskiya da shi. Tarihin shekarun nan ya rushe wannan ra'ayi da kansa. Shirin kacici-kacici na Twenty-One, wanda tashar NBC take nunawa, nishaɗi ne tsantsa. Ranar 5 ga Disamba, 1956, Herb Stempel ya ba da amsar da ya san ba daidai ba ce, bisa umarnin masu shirin, domin a ɗaga Charles Van Doren, malami a Jami'ar Columbia, wanda ake ba shi tambayoyi da amsoshi tun kafin a hau dandali. Van Doren ya tashi da dala 129,000. Ramin ƙarya ƙurarre ne: ranar 2 ga Nuwamba, 1959, ya amsa laifinsa a gaban kwamitin Majalisar Dokoki, ya rasa aikinsa, a 1960 kuma aka yi dokar da ta mai da maguɗi a irin waɗannan gasa laifi. Da a ce jama'a sun ɗauki abin wasa ne kawai, da ba su ji an ci amanarsu ba.

Abin lura a nan shi ne kai tsaye ake watsa Twenty-One. Almakashi bai taɓa shi ba, amma ƙarya ce daga farkonsa har ƙarshe. Shi kuwa I Love Lucy an zubar da kashi biyu cikin uku nasa, bai kuma yaudari kowa ba. Ashe yawan abin da aka yanke ba shi ne ma'auni ba.

Ma'aunin da ya dace

Malaman hadisi sun riga masu fim fuskantar wannan mas'ala da ƙarnoni, a babin taƙaita hadisi: shin ya halatta mai ruwaya ya kawo wani yanki ya bar wani? Abin da mafi yawansu suka rinjayar shi ne ya halatta ga masani, matuƙar yankin da ya bari ba ya ɗauke da abin da zai sauya ma'anar yankin da ya kawo, kamar togaciya ko sharaɗi. Imam Bukhari kansa ya shahara da rarraba hadisi guda a babobi daban-daban. Hikimar wannan hukunci ita ce bai ƙirga kalmomin da aka cire ba. Abin da ya duba shi ne fahimtar da za ta zauna a zuciyar mai sauraro. Wanda ya ce “zan biya ka idan ka kawo kayan”, aka yanke rabin ƙarshe na maganarsa, ba a ƙara masa harafi ko ɗaya ba, amma an yi masa ƙarya.

Idan aka ɗauki wannan ma'auni zuwa ɗakin tace hoto, tambaya uku ce take fitowa. Ta farko, wane alkawari shirin ya yi wa mai kallo? Wasan kwaikwayo ya yi alkawarin labarin da aka ƙirƙira, gasa ta yi alkawarin cewa ba a san wanda zai ci ba, labarai sun yi alkawarin abin da ya auku. Ta biyu, abin da aka cire yana juya ma'anar abin da aka bari? Ta uku, da mai kallo zai shigo ya leƙa kwandon shara, zai ce an taƙaita masa, ko zai ce an cuce shi?

A gwada shi da batun cikin Lucille Ball. A 1952 tana da ciki, aka shigar da cikin nata a labarin, amma CBS ta hana a furta kalmar da ta fito fili, sai aka yi amfani da sakaya, kamar yadda Bahaushe yake cewa mace tana da juna biyu. An ma gayyato limaman addini uku suna duba rubutun. Wannan ragi ne, kuma daga sama aka yi umarni da shi. Amma babu wanda ya ruɗe: ranar 19 ga Janairu, 1953, mutane kimanin miliyan 44 suka kalli kashin da aka yi haihuwar. Kunya ta rufe kalma, ma'ana tana nan yadda take. Ana iya yi wa wannan hani dariya ko a yaba shi, amma ba ƙarya ba ne.

A gwada shi kuma da dariya, inda lamarin ya fi sarƙaƙiya. A wani kashi na 1957, Lucy ta ɓoye ƙwai a cikin rigarta, mijinta ya rungumo ta a ƙarshen rawa, ƙwan suka farfashe, 'yan kallo suka yi dariyar daƙiƙa 65. Shirin rabin sa'a ne har da tallace-tallace. Idan mai tacewa ya rage irin wannan dariya domin labari ya samu wuri, ya faɗi ƙasa da abin da ya faru, amma shaidar da ya bari gaskiya ce, mutane sun yi dariya. A daidai wannan zamani wani injiniyan sauti, Charles Douglass, ya ƙera akwati mai maɓallai cike da dariyar da aka naɗa, yana yawo da shi daga kamfani zuwa kamfani a kulle, yana zuba dariya a inda ta yi ƙaranci ko inda babu ita sam. Dariyar da ake ji a shiri shaida ce, tana cewa wasu mutane sun ga wannan ya ba su dariya. Zuba ta a inda jama'a suka yi shiru shaidar zur ce, ko da ƙarama ce.

Mai kare Douglass zai ce kowa ya san da akwatin. Wannan magana tana da gaskiya a wani wuri. Lokacin da aka sa dariya a shirin zane mai motsi na The Flintstones a 1960, babu mai hankalin da ya zaci mutane sun zauna suna kallon zane yana wasa a dandali. Dariyar ta koma kamar kiɗan da ake sa wa fim, abin da aka saba da shi. Amma a shirin da aka ce an ɗauka a gaban jama'a, alkawarin daban ne, ƙarin dariya kuma ya karya shi. Aiki ɗaya, da akwati ɗaya, ya halatta a nan ya haramta a can, saboda abin da aka bar mai kallo ya yi zato.

Misali mafi wahala shi ne wanda almakashi ya yi aikin alheri. Ranar 9 ga Maris, 1954, Edward Murrow da Fred Friendly suka keɓe shirinsu na See It Now ga Sanata Joseph McCarthy, wanda ya shafe shekara huɗu yana jifan mutane da zargin kwaminisanci. Makaminsu shi ne hotunan McCarthy da kalamansa, an zaɓo, an jera. Ranar 2 ga Disamba ta wannan shekara Majalisar Dattawa ta tsawata masa da ƙuri'a 67 da 22. Tarihi ya yaba wa shirin, amma tun a lokacin wasu masu sharhi, har da waɗanda ba sa ƙaunar McCarthy, sun damu. Duk mutumin da aka tattara munanan lokutansa aka jera zai fito a mummuna, kuma dabarar da ta kayar da azzalumi yau tana iya kayar da bawan Allah gobe. Damuwarsu tana kan hanya. Abin da ya tsirar da shirin a ma'auninmu abu biyu ne: bai ɓoye cewa ƙara yake shigarwa ba, sannan ya ba wanda ake ƙara damar kare kansa a fili guda, McCarthy kuwa ya yi amfani da ita ranar 6 ga Afrilu. Kyawun manufa kaɗai ba ya wanke yanka. Da haka ne, da kowane mai yanka ya wanke kansa, tunda kowa yana ganin manufarsa kyakkyawa ce.

Uzurin ɗan ƙwadago

Za a ce an ɗora wa mai tace hoto kayan da ya fi ƙarfinsa. Ma'aikaci ne, a samansa akwai darakta, da furodusa, da tasha, da kamfanin da ke ɗaukar nauyin shiri, kamar kamfanin taba na Philip Morris da ya ɗauki nauyin I Love Lucy. Zamanin kuma na tsoro ne. A watan Yuni na 1950 aka fitar da wani ɗan littafi, Red Channels, ɗauke da sunayen mutum 151 na rediyo da talabijin da ake zargi da kusanci da kwaminisanci, da yawansu kuma suka rasa aiki ba tare da shari'a ba. Lucille Ball kanta ta shiga tsaka mai wuya a 1953 da aka tono cewa ta yi rajistar zaɓe da sunan jam'iyyar kwaminis a 1936. Idan tauraruwa mai kamfani ta girgiza, ina ga mai albashin mako da iyali a gida?

Uzurin yana rage laifi, adalci kuma ya tilasta a yarda da haka. Wanda ya ba da umarni kuma ya kwashi riba ya fi wanda ya aiwatar nauyi, kada a koma kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi. Amma bai shafe laifin ba, saboda dalili guda: mai tacewa ne kaɗai ya ga duka. Furodusa yakan ga abin da aka gama, mai kallo yakan ga abin da aka nuna, shi kuwa ya ga abin da aka nuna da abin da aka zubar, ya kuma san bambancinsu. Sani shi ne tushen alhaki. Tsakanin miƙa wuya da ajiye aiki kuma akwai fili mai faɗi: ya faɗa wa na sama da shi cewa wannan yanka ya juya maganar mutum, ya kawo wata hanyar da za ta cika lokaci ba tare da ta ɓata ma'ana ba, ya ƙi sa hannunsa a abin da ya tabbata ƙazafi ne. Yawancin yanke-yanken da ke cikin shiri babu ma wanda ya yi umarni da su. Ɗaruruwa ne, shi kaɗai yake yanke shawararsu, a nan kuwa babu wanda zai jingina wa laifi.

Aikin da ba a gani

Sana'ar nan kamar gishiri take a miya, idan ya yi daidai babu mai ambatonsa. Cikar gwanintar mai tace hoto ita ce kada a lura da wurin da ya yanka. Saboda haka ba ya samun yabo idan ya riƙe amana, da wuya kuma a kama shi idan ya ci ta. Aflatun ya kawo labarin wani makiyayi da ya tsinci zoben da ke ɓoye mai sanye da shi daga idon mutane, ya yi tambaya ko akwai wanda zai ci gaba da adalci alhali ya tabbata ba a ganinsa. Mai tace hoto yana sanye da irin wannan zobe kullum a wurin aikinsa. Abin da zai hana shi cuta a wannan hali ba zai zama tsoron tonon asiri ba, sai dai girmama mutumin da ke zaune a gida ya sakankance da idonsa, da girmama wanda aka ɗauki hotonsa ya tafi ya bar maganarsa a hannun baƙo.

Kayan aiki sun sauya. A 1956 kamfanin Ampex ya fito da na'urar naɗar hoto a kan kaset mai faɗin inci biyu, wanda a farkon zamaninsa da reza ake yanka shi a manna. Daga baya kwamfuta ta karɓi aikin. Yau abin da Cahn yake buƙatar dodo mai kai uku da mako guda kafin ya yi, yaro yana yin sa da waya kafin shayinsa ya huce. Ana yanko daƙiƙa talatin daga wa'azin sa'a guda, ko daga jawabin ɗan siyasa, ko daga rigimar maƙwabta, a watsa, mutuncin da aka gina a shekara arba'in ya zube kafin la'asar. Wanda ya yanka da wanda ya tura duk sun zauna a kujerar mai tace hoto, ba tare da sun yi koyon sana'ar a hannun kowa ba.

Amsar tambayar da aka faro da ita ke nan: ragi yana zama ƙarya a lokacin da mai ragewa ya san cewa mai kallo zai fahimci abin da da ya ga sauran ba zai fahimta ba, ya kuma bar shi a kan wannan fahimta. Ƙasa da wannan taƙaitawa ce, taƙaitawa kuwa hidima ce ga wanda ba shi da lokacin kallon ƙafa 6,750. Duk mai riƙe da almakashi, na ƙarfe ne ko na cikin waya, ya kamata kafin ya yanka ya ɗauka cewa mutum biyu suna tsaye a bayansa, wanda zai kalla da wanda aka ɗauka, ya kuma yi yankan da zai iya yi suna gani.